Ni na dangwala yatsan Baba a takardar banki

Assalamu alaikum mai shafi, da ku masu karatu manya da ƙanana. Don girman Allah a sakaya sunana, sunayen da zan ambata ma duk na canza su. Na san halinku a nan, wani kafin ya kai rabin labari ya riga ya yanke hukunci har ya haɗa da Allah ya isa. Ku bari in gama tukuna. Zagin da za ku yi mini na riga na yi wa kaina ninkinsa, kuma wallahi na gaji. Shawara nake nema, don saura kwana tara wani yaro ya zauna jarrabawarsa ta ƙarshe a jami'a, an hana shi katin shiga, ni ne kuma sila. Shi bai sani ba.

Ni tela ne a Birnin Kudu, amma asalinmu wani ƙauye ne ta wajen Farin Dutse a ƙasar Gwaram. Mahaifina manomi ne, riɗi da gero da ɗan wake. Ya yi karatun allo mai zurfi, ajami kam ba a gwada masa, boko kuwa ko sunansa aka rubuta ba zai gane ba. Da masu sayen riɗi suka daina yawo da tsabar kuɗi suka ce sai dai su tura, dole aka buɗe masa asusu. To wanda ya san ƙauyukanmu ya san yadda tsofaffi suke yi, ba sa ajiye katin banki a gida. Akwai wani mai POS a kasuwar Gwaram, bari in kira shi Malam Hudu, shi yake riƙe wa dattawa da yawa katunansu, kowanne a ambulan ɗinsa da sunan mai shi da lambar sirrinsa, cikin wani akwatin ƙarfe mai kwaɗo. Ranar kasuwa tsoho ya zo ya ce ba ni kaza, ya ciro ya ba shi. Shi ke biya musu kuɗin taki, shi ke tura wa 'ya'yansu saƙo, shi ne kuma yake yi wa ɗalibai rajistar makaranta a 'yar kwamfutarsa. Na sha gaya wa Baba wannan ganganci ne, sai ya ce uban Hudu ya riƙe masa ajiyar gero shekara da shekaru ko tiya ɗaya ba ta taɓa ɓata ba, ba a kan 'yar roba zai fara zargin ɗansa ba.

Wata biyu da suka wuce Baba ya yanke jiki ya faɗi yana alwala. Ɓarin jikinsa na dama ya shanye, baki ya karkace, magana ta tafi gaba ɗaya, sai dai wani sauti daga maƙogwaro. Muka kawo shi babban asibitin nan, da aka sallame mu na ajiye shi a gidana shi da Inna saboda gashin ƙashi da ake kai shi. Ni ke yi masa wanka, ni ke juya shi, ni ke ba shi abinci a baki, don ni ne babba namiji kuma ni kaɗai ne a gari. Ɗinki ya tsaya, magani kuma ba ya jira. Da aljihuna ya ƙare sai na ɗauki 'yar wayarsa in duba abin da ya rage a asusu. Saƙonni ne fal ba a taɓa buɗe ko ɗaya ba, don shi abin da ya sani kawai koren maɓalli amsawa, ja kashewa. Ina bin su ɗaya bayan ɗaya sai na ci karo da wasu kuɗi masu kauri da suka fita, da wani guntun rubutu a gefe mai kama da sunan jami'a, ƙarƙashinsa kuma wasu 'yan canji da aka sake yanka. Na koma baya na ga irinsa bara. Na sake komawa na ga irinsa bara waccan. Na ƙarshen ko wata guda bai cika ba kafin Baba ya kwanta.

Dole in gaya muku wani abu a nan, in ba haka ba ba za ku gane irin zafin da na ji ba. Ni ma na taɓa shiga jami'a. Na yi shekara biyu, a shekarar da ruwan sama ya ɗauke, gero ya ƙone a tsaye, Baba ya kira ni zaure ya ce babu, in yi haƙuri. Na kwaso kayana a buhu na dawo, na koyi ɗinki. Abokan karatuna yanzu su nake ɗinka wa kaftani, wani ma har ya ce in rage masa don zumunci. Ban taɓa ɗaga wa Baba murya a kan wannan ba, amma abin bai taɓa fita daga raina ba. Yanzu kuma a gidanmu kaf babu wanda yake jami'a. To kuɗin wa ake biya? Nan take zuciya ta ba ni amsa, ta ce Hudu ne yake karɓar tsabar kuɗi a hannun ɗalibai ya soke a aljihu, sannan ya biya musu da katin tsofaffin da ba sa karanta saƙo.

Washegari na ɗauki shatar adaidaita na sa Baba, muka tafi banki, don sun ce ba sa sauraron kowa sai mai asusu yana wurin. Aka zaunar da shi a kujera gaban teburin masu karɓar ƙorafi. Matar da ke wurin, Allah ya saka mata da alheri, ta yi iya nata. Ta buga mana takardar shige da ficen kuɗin, ta bi layi-layi da biro tana nuna mini. Ta ce wannan guntun rubutun sunan jami'ar ne aka taƙaita, na kusa da shi kamfanin da ke karɓar mata kuɗi ne, 'yan canjin nan kuma ladan aikin kamfanin ne, ba wata satar daban ba ce. Ta ce in fara tambayar 'yan gida da duk wanda katin ke hannunsa, don sau da yawa irin wannan wani ne na jika ya biya aka manta ko ba a faɗa ba. Ta kuma gargaɗe ni cewa na shekarun baya sun yi nisa, na bana kaɗai za a iya bi, kuma muddin aka shigar da ƙorafi za a riƙe kuɗin har a gama bincike, ɗalibin da aka biya wa zai zama kamar bai biya ba. Na ce ai haka nake so. Sai ta juya wajen Baba, ta karanta masa sunan jami'ar a hankali, ta ce, "Baba, ka san da wannan kuɗin?"

Jama'a, a nan laifina yake. Tun da ciwon ya same shi kansa rawa yake yi, baƙo ba zai bambance i da a'a ɗinsa ba. Amma ni da na yi wata guda ina tambayarsa ko ruwa yake so, ko a juya shi, ko ya ƙoshi, na san i ɗinsa kamar yadda na san sunana. I ya ce. Ya buga hannun kujera da hannunsa na hagu, yana ta ƙoƙarin fitar da magana, jijiyar wuyansa ta tashi, idonsa a kaina. Matar ta dube ni ta ce me yake cewa? Na ce, "Cewa yake a bi masa haƙƙinsa." Na cike fom ɗin da hannuna, na rubuta cewa mai asusu bai sani ba kuma bai ba da izini ba. Da aka kawo tawada na ɗauki hannunsa na dama, wanda ya mutu, wanda ba zai iya janyewa ba, na dangwala babban yatsansa a takardar. Har muka dawo gida bai kalle ni ba.

Me ya sa na yi haka? Na tambayi kaina har na gaji da tambayar. A lokacin cewa na yi wa kaina ai ban tabbata ba, ai mara lafiya ne, wataƙila bai ma fahimci tambayar ba. Amma gaskiyar magana ita ce, in har i ɗin nan gaskiya ne, to ma'anarsa Baba yana da kuɗin biya wa ɗan wani jami'a shekara uku a jere, ni kuwa da ya haifa ya ce mini babu. Gara a ce sata ce. Sata zan iya ɗauka, waccan kuwa ba zan iya ba.

Da ma a nan na tsaya da sauƙi. Ranar kasuwar Gwaram na hau mota na je har rumfar Malam Hudu, a gaban mutane na ce ya fito mini da katin ubana tunda ya gama yashe asusun. Ban ambaci jami'a ba, ɓarawo kawai nake ta maimaitawa. Mutumin nan ya girme ni, ya je ɗaurin aurena, amma na tsige shi tas kamar yaron gidana. Bai rama ba. Ya buɗe akwatin ya miƙo mini ambulan ɗin, abin da ya ce kawai shi ne in je in tambayi Baba. Na ce au, don ka san ba ya magana shi ne har da baƙar magana? Kafin la'asar na ga dattawa uku da idona sun zo sun karɓi nasu katunan, wasu kuma na ji daga baya. Da na dawo na ba Inna labari ta yi ta ja wa Hudu Allah ya isa a gaban Baba, shi kuwa yana kwance ya juya fuska bango.

Bayan kamar kwana goma ina shago ina fama da wani wuyan riga sai ga Malam Hudu ya yi sallama. Ya rame. Ya jira har wanda ya zo karɓar ɗinki ya fita, sannan ya ciro takardu uku daga aljihun gaba, irin na littafin 'yan firamare da aka yago, ya ɗora mini a kan keken. Ajami ne, kuma hannun Baba ne, ko a mafarki na gan shi zan gane shi, don da shi ya rubuta mini allona na farko. Kowace takarda magana ɗaya ce, a biya wa Kabiru kuɗin makaranta daga ajiyata, kada kowa ya ji. Kabiru ɗan marigayi ladanin masallacinmu ne, gidansu yana bayan namu, a gabana aka haife shi, Yaya yake ce mini. Ubansa ya rasu yana shekarar farko a jami'a, bai bar musu komai ba sai 'yar gona da bunsuru. Duk ƙauye an ɗauka wata ƙungiya ce take biya masa, shi kansa abin da Hudu ya gaya masa shi ne wai wani bawan Allah ne da ba ya son a san shi.

Malam Hudu ya ce Baba Alƙur'ani ya sa shi ya dafa kan ba zai faɗa ba, shi ya sa ya tsaya na zage shi a kasuwa bai buɗe baki ba, kuma da sunansa ne kaɗai a ciki da zai haƙura har Allah ya bayyana gaskiya. Amma Kabiru ya kira shi yana kuka, ofishin kuɗi na makaranta sun ce biyansa na bana yana da matsala, mai katin ya yi ƙorafi, ba za a ba shi katin jarrabawa ba. Hudu ya ce ya karya rantsuwarsa a kaina ni kaɗai, zai yi kaffara, ba kuma zai gaya wa wani ba ko da yaron ne. Ni kuma, kun ji rashin kunya, maimakon in ba shi haƙuri sai na ce ashe Baba yana da kuɗin jami'a. Sai ya ce, "Ranar da ya kawo takardar farko, a rumfata ya zauna ya yi hawaye. Ya ce, Hudu, na kasa wa nawa, har gobe abin yana cina, ba zan zuba ido wannan ma ya dawo da buhu a ka ba." Ya tattara takardunsa biyu ya bar mini ɗaya, ya ce gyaran yana hannuna, ya fita.

Yau kwana goma sha biyu da wannan maganar, kuma ban yi komai ba. Kun ji ni da kyau, ban yi komai ba. Sau biyu ina zuwa bankin. Na farko na tsaya a bakin ƙofa na juyo. Na biyu na shiga, na tambayi matar nan a kaikaice, na ce in mutum yana so ya janye ƙorafi yaya ake yi? Ta ce sai an sake kawo mai asusun, a rubuta dalili, manaja ya gan shi ya yi masa tambayoyi, kuma ko an janye sai an ɗauki wasu kwanakin aiki kafin a saki kuɗin makaranta ta gani. Ta tambaye ni ko an gano wani abu ne, na ce a'a, tambaya ce kawai. Wane dalili zan rubuta? In ce na yi wa ubana ƙarya yana zaune a gabana? In suka ce na yi amfani da yatsan mara lafiya ba da yardarsa ba suka haɗa ni da 'yan sanda fa, wa zai riƙa ɗaga Baba? Sannan in koma kasuwar Gwaram in tsaya inda na tsaya in ce jama'a ni ne maƙaryacin? In na wanke Hudu dole in faɗi inda kuɗin suka je, in na faɗa na tona sirrin da tsohon nan ya sa aka dafa Alƙur'ani a kansa. Inna kuma da ta sayar da tumakinta biyu saboda magani, ta ji cewa shekara uku ana kai kuɗin riɗi wani gida ba ta sani ba, me kuke gani za ta ce?

Waɗannan duk dalilai ne, na sani, kuma na iya jera su. Amma akwai wanda ya fi su muni, shi ma bari in faɗa tunda ba ku san ni ba. Akwai wani lungu a zuciyata da yake cewa to me, in Kabiru ya rasa shekara ɗaya ai ba mutuwa zai yi ba, ni da na rasa gaba ɗaya ba ga ni ina numfashi ba? Ina jin wannan muryar, ina jin kunyarta, ina yin istigfari, an jima ta dawo. Yaron bai yi mini komai ba. Ko da Sallah sai da ya zo shagona ya taya ni sa maɓalli har muka gama, bai karɓi ko sisi ba.

A gida kuwa Baba ya daina karɓar abinci daga hannuna. In na kawo cokali sai ya datse haƙora, in Inna ko matata ta karɓa sai ya buɗe baki. Inna cewa take ciwon ne yake sa shi rigima irin ta yara, in yi haƙuri. Wanka dole ni ke yi masa don babu mai iya ɗaga shi, haka zan gama in shafa masa mai in sa masa riga idonsa a rufe. Ban taɓa sanin mutumin da ba ya magana zai iya yi wa wani shiru ba sai yanzu. Barci ba na samu na kirki, ɗinkin mutane ya taru, jiya na yanka yadin wani a karkace sai da na biya shi. Na gaji da ciwon, na gaji da asibiti, na gaji da kaina.

Yau Asabar da hantsi Kabiru ya yi sallama a ƙofar gidana, da 'yar jakarsa da ledar lemo ya kawo wa Baba dubiya. Daga makaranta yake, kuɗin motar ma aro ya yi. Ya ce ofishin kuɗi sun gaya masa daga reshen bankin da ke nan Birnin Kudu ƙorafin ya fito, ya je wajen Malam Hudu, shi kuma ya ce masa ba abin da zai iya, ya zo wajena ni na san kan banki. Ya ce ya ji abin da ya faru tsakanina da Hudu, shi bai san tsakaninmu ba, amma don Allah kada in duba wannan. Ko ya fara gano bakin zaren ne yake yi mini kara, ban sani ba, fuskarsa ba ta nuna ba. Abin da ya ce shi ne, "Yaya, ka raka ni ranar Litinin mu roƙe su su haɗa ni da mai katin. Ko waye shi, zan durƙusa masa. Shekara huɗu ce za ta tafi."

Na shigar da shi ɗaki ya gaida Baba. Ya durƙusa a bakin katifa yana yi masa sannu, Baba ya miƙo hannun hagu ya kama wuyan hannun yaron ya riƙe gam, hawaye na bin gefen fuskarsa yana shiga kunne. Sannan a karo na farko cikin sati uku ya ɗago ido ya dube ni, bai kuma kawar ba. Kabiru ya ɗauka zafin ciwo ne, yana ta cewa Allah ya ba ka lafiya Baba, Allah ya tashi kafaɗunka. Ni na fita waje na ce zan sayo ruwa.

Yanzu haka yana zaure matata ta kai masa abinci, a nan zai zauna har Litinin, kuma na riga na ce masa to. In ba a janye ƙorafin nan ranar Litinin ba, lissafin kwanakin ba zai kai ba, ya rasa jarrabawar. In muka shiga bankin tare, matar nan tana ganina za ta gane ni, za ta ce a'a, ɗan Baba, ka dawo kan ƙorafinku? A gabansa.

In zaunar da shi in gaya masa tun yau, in tona abin da Baba ya ɓoye? Ko in fara durƙusa wa Baba, mutumin da ko ya yafe mini ba shi da bakin da zai faɗa? Don Allah wanda zai zage ni ya zaga, na cancanta, amma ya haɗa da amsa, jibi ne Litinin. Me zan yi?